Brian Clough: Bakin da Ya Ɗaga Nottingham Forest, da Idon da Ake Mantawa da Shi

Ranar 26 ga Disamban 1962, washegarin Kirsimeti, sanyi ya kai maƙura a Sunderland, can arewa maso gabashin Ingila. Filin Roker Park ya daskare, ruwa haɗe da ƙanƙara yana zuba, amma aka ce wasa da Bury babu fashi. Ana cikin bugawa aka zura wa ɗan wasan gaban Sunderland ƙwallo, ya sheƙa ya bi ta. Golan Bury, Chris Harker, shi ma ya fito ya kwanta a kanta, kafaɗarsa ta daki gwiwar ɗan wasan. Saurayin ya faɗi, ya yunƙura zai miƙe, ƙafa ta ƙi. Ya ja jiki da rarrafe yana neman ƙwallon, ya sake zubewa. Jijiyoyin gwiwar sun tsinke. A yau likitoci kan ɗinke irin wannan rauni, ɗan wasa ya dawo fili cikin shekara guda. A wancan zamani kuwa, in ya same ka, sai dai ka nemi wata sana'a.

Sunan saurayin Brian Clough, shekarunsa 27. Ya yi jinya, ya yi ta hawa da sauka a matattakalar filin wasa don ƙafar ta yi ƙwari, ya dawo a 1964 ya buga wasa uku, daga nan ya haƙura. Abin da ya bari a littafin tarihi shi ne ƙwallo 251 a wasannin lig 274.

An haife shi ranar 21 ga Maris, 1935, a Middlesbrough, garin masana'antun ƙarfe da hayaƙi. Shi ne na shida cikin 'ya'ya tara, mahaifinsa ma'aikaci ne a kamfanin alewa, gidansu kuma irin na gwamnati ne da ake bai wa talakawa haya. Karatu bai karɓe shi ba. Ya faɗi jarrabawar shiga babbar sakandare, ya bar makaranta yana ɗan shekara 15, ya yi aiki a kamfanin sinadarai na ICI, sannan ya yi hidimar ƙasa a rundunar sojan sama. Ya kamata mai karatu ya san cewa ƙwallon Ingila ta bayan Yaƙin Duniya na Biyu ba ita ce wadda muke kallo yau a gidajen kallo ba. Har zuwa 1961 doka ce ta ƙayyade albashin ɗan wasa, komai gwanintarsa ba zai wuce fam 20 a mako ba. Ɗan ƙwallo ma'aikaci ne kamar maƙwabcinsa mai aikin ma'adinan kwal, a motar haya ɗaya suke zuwa filin wasa.

A ƙungiyar garinsu, Middlesbrough, da farko babu wanda ya kula da shi. Mutum ɗaya ne ya kalle shi a wajen atisaye ya ce wannan yaron ya fi duk 'yan gaban da ake da su, kuma bai yi shiru ba sai da ya gaya wa duk mai kunnen ji. Wannan mutum wani gola ne da bai yi wani suna ba, Peter Taylor, wanda ya girme shi da kusan shekara bakwai. A riƙe sunan nan, domin rabin labarin nasa ne.

Clough ya shiga ci ba ƙaƙƙautawa, kaka huɗu a jere yana zura ƙwallo 40 ko fiye. Sai dai duk abin da ya ci a gaba, masu tsaron baya kan zubar. A 1960 sun je gidan Charlton, ya ci uku shi kaɗai, aka tashi 6 da 6. Bai iya ɓoye fushi ba, yana faɗa wa abokan wasansa laifinsu a gaban idonsu, har wasu daga cikinsu suka haɗa takarda suna neman a ƙwace masa kyaftin. Ingila ta gayyace shi sau biyu kacal, duka a 1959, ba ta sake waiwayarsa ba. Ya koma Sunderland a 1961, inda ya haɗu da koci Alan Brown, mutum mai tsananin horo wanda ba a yi masa gardama. A wurinsa Clough ya koyi cewa a ƙungiya murya ɗaya ake ji.

Na daɗe ina ganin cewa duk wanda zai fahimci Clough mai horarwa, sai ya fara da wannan gwiwa. An ƙwace masa abin da ya fi so a duniya yana ganiyarsa, kuma bai taɓa buga rukunin farko ba sai waɗancan wasa uku na bankwana. Ƙishirwar da ta rage masa ita ya shayar da 'yan wasansa, kuma ɗacin da ya rage masa shi ya riƙa fesa wa shugabannin ƙungiyoyi har ƙarshen aikinsa.

A Oktoban 1965 Hartlepools United ta ɗauke shi koci yana da shekara 30, mafi ƙanƙantar shekaru a duk lig ɗin Ingila. Ƙungiya ce ta rukuni na huɗu wadda ta saba zama a ƙasan teburi, asusunta babu ko sisi. Abu na farko da ya yi shi ne neman Taylor, wanda a lokacin yake horar da Burton Albion, kuma Taylor ya yarda ya bar kujerarsa ya zo ya zama mataimaki. Clough ya riƙa zagaya wuraren taruwar ma'aikata yana roƙon gudummawa, ya kuma nemi lasin tuƙa babbar mota don ya riƙa kai 'yan wasa da kansa in ta kama. A nan suka tsinci wani yaro ɗan makaranta mai shekara 16, John McGovern. Gudunsa ba kyan gani, 'yan kallo ba su cika son sa ba, amma Clough ya ja shi zuwa ƙungiya uku a bayan wannan, kuma shi ne ya ɗaga Kofin Turai sau biyu a matsayin kyaftin.

Rabon aikinsu a fili yake. Taylor ne mai ido. Zai saka hula ya ɓuya cikin 'yan kallo a wani ƙaramin fili, ya kalli ɗan wasan da kowa ya raina, ya dawo ya ce a saye shi. Clough ne mai baki. Shi zai shiga gidan iyayen yaro, shi zai tsorata shi yau, gobe ya rungume shi, har yaron ya yarda cewa babu kamarsa a Ingila.

A 1967 suka koma Derby County, wadda ta yi shekara da shekaru a rukuni na biyu. Kakar farko ba ta yi kyau ba, sun ƙare na 18. Amma sun riga sun fara tsince-tsince: Roy McFarland daga Tranmere, John O'Hare daga Sunderland, Alan Hinton daga Forest. A 1968 suka ɗauko Dave Mackay daga Tottenham, dattijon fili mai shekara 33 da ya karye a ƙafa sau biyu, yana shirin komawa gida Sikotilan. Suka ce masa ba sai ya yi gudu ba, ya tsaya a bayan masu tsaron baya ya riƙa karanta wasa yana ba da umarni. A ƙarshen kakar Derby ta lashe rukuni na biyu, Mackay kuma ya raba kyautar gwarzon shekara da Tony Book na Manchester City.

Yadda aka sayi Archie Gemmill a 1970 ya isa ya nuna halin mutumin. Gemmill yana Preston, Everton mai riƙe da kofi tana zawarcinsa, shi ma can hankalinsa yake. Clough ya je har gidansa da dare. Da Gemmill ya ce sai ya yi tunani, Clough ya ce ba komai, zai kwana a cikin motarsa a ƙofar gida har gari ya waye. Matar gidan ta ji kunya ta ba shi ɗaki. Da safe, a kan teburin karin kumallo, Gemmill ya sa hannu.

A 1972 Derby ta ci kofin lig na farko a tarihinta. Ta gama wasanninta da maki 58, Leeds da Liverpool kuma kowacce da sauran wasa ɗaya a hannu. Clough ya kwashi iyalinsa suka tafi hutu tsibiran Scilly, Taylor ya kwashi 'yan wasa zuwa Majorca. Leeds ta sha kashi a hannun Wolves, Liverpool ta yi canjaras da Arsenal, kofi ya iske su a bakin teku. Shekarar da ta biyo baya suka kai wasan kusa da na ƙarshe a Kofin Turai, Juventus ta fitar da su, Clough ya fito fili ya kira Italiyawan macuta.

Baki shi ke yanka wuya. Clough ya zama ɗan gidan talabijin da jaridu, yana sukar hukumar ƙwallon Ingila, FA, yana sukar manyan kociyoyi, musamman Don Revie na Leeds wanda ya ce ƙungiyarsa ta ƙware a keta. Shugaban Derby, Sam Longson, ya gaji ya ce ya rage surutu. A Oktoban 1973 Clough da Taylor suka miƙa takardar ajiye aiki, da tunanin za a roƙe su. Aka karɓa. Magoya baya suka yi zanga-zanga, 'yan wasa suka yi barazanar yajin aiki, duk a banza. Kwana biyu bayan haka yana talabijin yana yi wa golan Poland, Jan Tomaszewski, ba'a cewa ɗan wasan barkwanci ne. A daren golan ya tare duk abin da aka jefa masa in ban da fanareti ɗaya, aka tashi 1 da 1 a Wembley, Ingila ta rasa gurbin Kofin Duniya na 1974.

Sun ɗan yada zango a Brighton ta rukuni na uku, inda Bristol Rovers ta lallasa su da 8 da 2 a gida. Sai abin mamaki ya faru a Yulin 1974: Revie ya karɓi aikin horar da Ingila, Leeds kuma ta kira babban mai zaginta ya gaje shi. Taylor ya ce shi ba za shi ba. Clough ya tafi shi kaɗai, ya tara zakarun Ingila, irin su Billy Bremner da Johnny Giles da Norman Hunter, ya ce musu su zuba lambobin yabonsu a kwandon shara domin da maguɗi suka same su. Da Taylor yana ɗakin, da wuya wannan magana ta fita a haka, in ma ta fita da ya san dariyar da zai biyo ta da ita. Wasa ɗaya suka ci cikin shida na lig. Bayan kwana 44 aka sallame shi, da kuɗin sallama masu kauri da suka raba shi da fargabar talauci.

A Janairun 1975 ya karɓi Nottingham Forest tana ta 13 a rukuni na biyu. Shekara ɗaya da rabi ya yi yana lallaɓawa, babu abin a zo a gani. A Yulin 1976 Taylor ya dawo gare shi. Abin da ya biyo baya cikin shekara huɗu, har yau ba a sake ganin irinsa a ƙwallon Turai ba.

A duba mutanen da aka yi aikin da su. John Robertson yana ƙungiyar tun kafin zuwansu, mai ƙiba, mai shan taba, ba ya son gudu, har an sa shi a kasuwa. Taylor ya zaunar da shi ya wanke shi tas, sannan aka ajiye shi a gefen hagu aka ce wa sauran: in kun samu ƙwallo ku ba shi. Larry Lloyd, Liverpool ta sallame shi, yana Coventry ana ganin ya ƙare. Kenny Burns ɗan gaba ne a Birmingham, ya yi suna a faɗa da caca, Clough ya ce ba ya son sa ko kyauta. Taylor ya bi sawunsa har filin tseren karnuka, ya zauna yana lura da nawa yake zubawa, ya dawo ya ce abin bai kai yadda ake faɗa ba. Suka saye shi suka mai da shi mai tsaron baya, a kakarsa ta farko marubuta wasanni suka zaɓe shi gwarzon shekara. A gefen dama akwai Viv Anderson, ɗan garin Nottingham, wanda a Nuwamban 1978 ya zama baƙar fata na farko da ya buga wa babbar tawagar Ingila cikakken wasa. Inda suka buɗe jaka sosai shi ne wajen gola. Taylor tsohon gola ne, ya san darajar wurin, suka sayi Peter Shilton daga Stoke da kuɗin da mutane suka ce hauka ne a kashe a kan mai tsaron raga.

Da ƙyar suka hau rukunin farko a 1977, a mataki na uku. Masana suka ce za su koma inda suka fito. A Disamba suka je Old Trafford suka zura wa Manchester United huɗu ba ko ɗaya. Suka ƙare kakar da kofin lig, maki bakwai tsakaninsu da Liverpool mai riƙe da Kofin Turai, ƙwallo 24 kacal aka zura musu a wasa 42, suka haɗa da kofin League Cup. Daga Nuwamban 1977 zuwa Disamban 1978 sun buga wasan lig 42 ba a doke su ba. Magoya bayan Arsenal da ke alfahari da wasa 49 na zamanin Wenger, tarihin Forest ne ƙungiyarsu ta karya a 2004.

Tsarin wasansa ba shi da wani sirri. Ƙwallo a ƙasa, a ba na kusa, kowa ya yi aikin da aka ɗauke shi dominsa. Ba ya cika wa 'yan wasa kunne da bayanin abokan hamayya, atisayensa gajere ne, wani lokaci ma yawo kawai za a yi a bakin kogin Trent. Abu ɗaya ne ba ya yafewa: ɗan wasansa ya yi wa alƙalin wasa gardama ko rashin kunya. Alƙalai da kansu sun sha faɗin cewa wasan Forest ya fi kowanne sauƙin hurawa.

A Kofin Turai ƙuri'a ta haɗa su da Liverpool tun zagayen farko, suka fitar da ita da 2 da nema. A wasan kusa da na ƙarshe Cologne ta riƙe su 3 da 3 a Nottingham, kowa ya ce an gama, suka je Jamus Ian Bowyer ya ci ɗaya da ka. A Fabrairun 1979 sun sayi Trevor Francis daga Birmingham, ɗan wasan Birtaniya na farko da kuɗinsa ya kai fam miliyan ɗaya. Don kada kansa ya kumbura, wasansa na farko a ƙungiya ta uku aka sa shi, gaban 'yan kallon da ba su cika mota ɗaya ba, kuma har shayi an sa shi ya dafa wa abokan wasa. Ranar 30 ga Mayu, a wasan ƙarshe a birnin Munich, dab da hutun rabin lokaci, Robertson ya tsallake 'yan Malmö biyu a gefen hagu ya ɗago ƙwallo, Francis ya shigo ta can ƙarshen raga ya sa mata kai. Shekarar da ta biyo baya, a wasan ƙarshe a Madrid, Francis yana jinya, suka fuskanci Hamburg ta Kevin Keegan. Robertson ya ci tun kafin a yi nisa, Shilton da Burns da Lloyd suka rufe ƙofa. Har gobe Forest ce kaɗai ƙungiyar da kofunan Turai da ta ci suka fi kofunan lig ɗin ƙasarta yawa.

A tsakiyar wannan tashe ne, a ƙarshen 1977, FA ta kira shi ganawa kan aikin horar da Ingila bayan Revie ya tafi Haɗaɗɗiyar Daular Larabawa. Jama'a shi suke so. Dattawan hukumar suka bai wa Ron Greenwood, mutum mai sanyin hali. Sun ji tsoron zai ƙwace musu hukumar baki ɗaya, kuma shi kansa daga baya ya ce tsoronsu yana kan hanya.

Daga 1980 abubuwa suka fara warwarewa. Suka wargaza ƙungiyar da wuri, idon Taylor kuma ya fara kuskure. Cikin waɗanda aka saya har da Justin Fashanu, wanda mahaifinsa ɗan Najeriya ne, baƙar fata na farko da aka biya fam miliyan ɗaya a kansa, daga Norwich a 1981. Yaro ne ɗan shekara 20 da ya tashi a hannun masu riƙo, mai buƙatar a ja shi a jiki. Clough ya tsane shi saboda rayuwarsa ta wajen fili, ya riƙa muzanta shi a gaban 'yan'uwansa, har ya kira 'yan sanda su fitar da shi daga filin atisaye. Ƙwallo uku ya ci a lig, aka sayar da shi ga Notts County da asara mai yawa. Mutumin da ya iya ɗaga wanda kowa ya yar, a nan shi ne ya tattake wanda ke hannunsa, kuma babu kofin da zai goge wannan.

Taylor ya yi ritaya a 1982 yana cewa ya gaji, bayan wata shida sai ga shi kocin Derby. A 1983 ya ɗauke Robertson ba tare da ya ɗaga waya ya gaya wa Clough ba. Clough ya zage shi a jarida, daga nan ba su sake magana ba. Taylor ya rasu a Majorca a Oktoban 1990. Clough ya halarci jana'izar, kuma da ya rubuta tarihin rayuwarsa a 1994, ga Taylor ya sadaukar da littafin.

Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka, kuma alƙaluma sun nuna haka. Taylor shi kaɗai ya bar Derby a 1984 tana gangarawa rukuni na uku. Clough shi kaɗai ya ƙara shekara 11 a Forest, ya gina ƙungiyoyi masu daɗin kallo da kuɗi kaɗan, ya fito da Stuart Pearce da Des Walker da ɗansa Nigel, ya ɗauko Roy Keane daga wata ƙaramar ƙungiya a Ireland, ya ci League Cup a 1989 da 1990. Amma lig da Turai ba su sake zuwa ba. A 1984 Anderlecht ta fitar da su a wasan kusa da na ƙarshe na kofin UEFA, sai a 1997 ƙungiyar ta amsa cewa ta bai wa alƙalin wasan kuɗi. Kofin FA kuwa bai taɓa ɗaga shi ba. A 1991 ya kai wasan ƙarshe, Tottenham ta ci 2 da 1, ƙwallon da ta raba gardama Walker ne ya ci gida.

Giya ce ta ƙarasa shi. Fuskarsa ta kumbura ta yi ja, hukuncinsa ya raunana. A 1989 ya mammari magoya bayan ƙungiyarsa da suka shigo fili murna, aka ci shi tara. Forest ce abokiyar karawar Liverpool ranar turmutsitsin filin Hillsborough da ya ci rayukan 'yan kallo a shekarar, kuma daga baya ya ɗora wa magoya bayan Liverpool laifi, maganar da ta ƙona zukatan iyalan mamatan, sai bayan shekaru ya janye ta ya nemi gafara. A kakar farko ta gasar Firimiya ya sayar da Teddy Sheringham ga Tottenham bai maye gurbinsa ba, Forest ta ƙare a ƙarshen teburi a 1993, ya yi ritaya bayan shekara 18 a kujerar. A wasansa na ƙarshe a gida ne faɗuwar ƙungiyar ta tabbata, amma 'yan kallo suka cika fili suna kiran sunansa, wasu suna kuka.

An yi masa dashen hanta a 2003, ya daina sha, ya ɗan farfaɗo. Sankarar ciki ta kashe shi ranar 20 ga Satumba, 2004, yana da shekara 69. Taron addu'ar da aka shirya yi a babban cocin Derby sai da aka mai da shi filin Pride Park saboda yawan jama'a, magoya bayan Derby da na Forest, waɗanda ba sa ga maciji, suka zauna wuri ɗaya. Babbar hanyar da ta haɗa garuruwan biyu yanzu sunansa take ɗauke da shi. Ita kuwa Forest, shekara guda bayan rasuwarsa ta faɗa rukuni na uku, kuma ba ta sake ganin Firimiya ba tun daga 1999 sai a 2022.